Albasar Kura a Gonar Goggo Tumba

Da sunan Allah nake farawa, kuma ina neman gafararsa tun kafin in kai ga laifin, domin laifin ba guda ɗaya ba ne.

Tun da na dawo daga Nijar mutanen majalisarmu ta Gawon Nama suka hana ni sakat. Wannan ya ce, "Garba, ƙaƙa Nijar?" Wancan ya ce, "Mi ya sami huskarka take saɓa haka?" Na gaya wa tela zafin rana ne. Na gaya wa mai shayi sabulun can ne bai karɓe ni ba. Da liman ya tambaya sai na yi tari na wuce. Ƙaryar ta yi yawa har na fara manta wadda na gaya wa kowane. To ga gaskiyar a rubuce, kowa ya karanta ya bar ni in huta. Karatuna bai wuce firamare da allo ba, wanda ya ga kuskure ya gyara a zuciyarsa.

Sana'ata dillancin albasa. In na daki buhu da hannu ina iya gaya maka ta Gada ce ko ta Wurno, kuma wannan ɗan sanin shi ya kumbura mini kai.

Surukina Baba Alu, mahaifin matata Hajara, yana zaune a Ƙofar Atiku, amma asalinsa wani ƙauye ne bayan Ƙonni da ake kira Dogon Fako. Can yake da gonar gado, shi da ƙanwarsa Goggo Tumba. Mijinta ya rasu, ba ta da ɗa namiji, gonar nan ita ce abincinta na shekara. Maƙwabcin gonar kuwa ɗan baffansu ne, Ɗanjimma, kuma sun daɗe suna ja-in-ja a kan iyaka. Maigari ya sa ranar Alhamis a fita a duba a raba gardama kafin ruwa ya sauka. Baba Alu ne ya kamata ya je, amma gwiwa ta kama shi, ko masallaci sai an riƙe shi. Sai ya aika a kira ni.

Na tuɓe takalmi na durƙusa a bakin tabarma. Ya ce, "Garba, kai za ka tsaya mini. Ba magana za ka yi ba, tsayawa kawai, a san Tumba na da mutane. In ka tashi dawowa ka taho mini da albasar kura ko guda biyu, a shafa ma gwiwag ga. To amma ka saurara, in ka tahi gonar za ka ga..."

A nan na yi laifin farko. Na katse surukina. Na ce, "Haba Baba, ni za a kwatanta ma albasa? Ai ko cikin barci na san ta."

Ya dube ni ya ce, "To, Allah shi kiyaye hanya."

Wallahi ban taɓa ganin albasar kura ba. Sunanta kawai nake ji a bakin masu magani.

Ranar Laraba da safe na shiga motar Illela. Mu huɗu aka cusa a kujerar mutum uku, ni ina manne da wani tsoho mai farin rawani da ƙullin goro. Tun daga Kware na fara yi masa karatun albasa: yadda ake yafa iri, yadda ake dashe, abin da ke sa ta ruɓe a rumbu. Yana ta cewa, "Ikon Allah. To, to." Sai da muka wuce Gwadabawa na tambaye shi sana'arsa. Ya ce shi mutumin Galmi ne, cibiyar noman albasa ta Nijar, tun yana yaro albasa yake nomawa, yanzu jikokinsa ke yi. Mutanen motar suka kwashe da dariya har direba ya rage gudu. Da ina da hankali da na karɓi wannan a matsayin gargaɗi. Abin da na yi kawai shi ne na juya fuska wajen taga na yi kamar barci.

A bakin iyaka ma ban tsira ba. Ma'aikacin can ɓangaren ya sara mini da hannu, ya gaishe ni da Hausa irin tamu, ya ce in kawo katin shaida. Na zaro na miƙa da isa. Ya duba katin, ya dube ni, ya sake duba katin.

"Kai ne Hajara?"

Ashe da asuba katin matata na zara daga ƙarƙashin matashi. Na zazzage aljihu, Allah ya taimake ni akwai tsohon katina na ƙungiyar 'yan albasa mai hotona tun ina da gashi. Tsohon nan na Galmi, wanda na yi wa karatu, shi ya dawo baya ya tsaya mini ya ce ya san ni, malamin albasa ne babba daga Sakkwato. Suka yi dariyarsu suka ce in wuce, amma in gaida Hajara.

Ƙonni ba ta da nisa da mu, magana ɗaya, sallah ɗaya, amma akwai abubuwan da suka ba ni mamaki. Burodinsu dogo ne kamar sandar makiyayi, ga tauri, na gatsa sai da dasashina ya yi jini. Shayinsu kuwa ɗan mitsitsin kofi ne, ɗaci kamar maɗaci. Na shanye na miƙe zan tafi, mai shayin ya ce ina za ni, ai saura na biyu da na uku. A wurinmu mutum ya sha kofi guda babba ya kama gabansa. A can shayi zama ne, wanda ya tashi a na farko kamar ya zagi mai shi ne. Zaman nan ya sa motar ƙauyen ta tafi ta bar ni, sai amalanken jaki na samu na wani mai kai gishiri. Jakin yana da wurin da yake tsayawa ya yi tunani, mai shi kuma ba ya katse shi.

Muna isa Dogon Fako rana na faɗuwa. Abin da na fara gani rumbuna ne na laka, manya kamar tulunan ƙattai, sun fi ɗakunan mutane girma da kyau. Goggo Tumba 'yar ƙaramar tsohuwa ce mai saurin tafiya. Ta rasa inda za ta sa ni. "Mijin Hajara! Marhabin, marhabin. Ƙaƙa Yaya da ƙahwa?" Ta sa aka share mini zauren wani maƙwabcin gidanta, ta aiko da tuwon gero da miyar kuka da ƙwaryar fura. Da yake ta tsaya a bakin zaure tana tambayar mutan gida, kunyar surukai ta sa na ce a ƙoshe nake. Ta yarda da ni, ta sa aka ɗauke tuwon. Furar ce kawai ta tsira, ita ma don na zauna a gabanta na rufe ta da riga.

Kafin ta tafi na tambaye ta inda ake samun albasar kura. Ta nuna gabas ta ce, "Sai ka wuce gonaki dut, ka hau hwako, wurin duwatsu. Da ɗan nisa. Ka bari sai an gama zancen gobe in sa a raka ka."

Na ce to. A raina kuwa na ce ni da albasa ba mai raka ni.

Da gari ya waye Goggo ta tafi rijiya, na ari fartanya da buhu na nufi gabas. Zaman maigari sai bayan la'asar, na ce kafin nan na gama nawa. A hanya na ga masu sharar gona da wata hauya mai doguwar ƙota, suna turawa a tsaye ba sa sunkuyawa. Na tsaya na gaya musu mu a Sakkwato duƙawa muke yi, shi ya sa nomanmu ya fi kyau. Ni da rabona da gona tun ina ɗan shekara goma.

Ban yi nisa ba rana ta fara dukana. Fakon kuwa yana can yana rawa a ido, ko kusa ban yi ba. Sai ga wasu tsirrai a tsakiyar gonaki. Ba ganye ko ɗaya, kara ne kawai siriri ya fito daga ƙasa, wani ya kai ƙirjina, wani ya fi ni tsawo, samansa cike da ƙananan furanni fari-fari masu ratsin kore. A gindin kowane, ga kan albasa ya leƙo waje, da busasshen ɓawo kamar takarda. Na ce Alhamdu lillahi, Allah ya kawo wa bawansa sauƙi.

Abin da zai ba ku haushi shi ne na lura a jere suke. Layi guda, taku biyar-biyar tsakaninsu, tun daga kan tudu har gangare. Na tsaya na yi nazari, na yanke cewa haka albasar daji take fitowa, a sahu, har na shirya yadda zan ba ku labarin wannan hikima a majalisa.

Baba Alu guda biyu ya ce. Na tona ta farko, ta kai kan jariri girma, nauyi kamar dutse, ba ta da ƙamshin albasa ko kaɗan. Sai dillancin ya motsa. Na ce wannan kaya in ya shiga hannun masu magani a Sakkwato ai an gama. Na bi layin nan ina tonowa, saiwoyin suna tsinkewa a ƙasa ina fizgowa, har na kai ƙarshen gangare. Ban bar ko guda ba. Kuma kada wani ya ce rashin sani ne duka, domin na san gonar mutane ce. Shi ya sa na mayar da ƙasa kowane rami, na daddanna da ƙafa, na karyo reshen sabara na share wurin tas. Ina gamawa garken shanu ya biyo ta gangaren ya tattake sauran. Har godiya na yi wa shanun a zuciyata.

Ina cusa buhun a bayan zaure ƙaiƙayi ya fara. Tsakanin yatsu tukuna, kamar an watsa mini ƙananan allurai. Na wanke da ruwa, abin ya ninka. Kafin nan kuwa na riga na share gumi da hannun nan a fuska da wuya da bayan kunne, da wasu wuraren da ba zan rubuta ba.

Bayan la'asar aka fita. Maigari a gaba da sandarsa, dattawa na biye, Ɗanjimma dogo mai faɗin murya yana ta magana tun kafin a tambaye shi, ni kuma a gefen Goggo ina tafe ina murza wuya da kafaɗa. Sai na ga hanyar da muke bi na san ta. Na ga reshen sabarar da na yar.

Maigari ya tsaya ya ce, "Jama'a, wagga magana ba ta da wuya. Kakanku ya dasa shaidu, kuma yanzu lokacinsu na, sun hito da kara. Mu bi su mu gani." Ya juyo gare ni don ni baƙo ne, ya yi mini bayani. Ya ce a ƙasarsu da albasar kura ake iyaka. Dutse ana iya gusar da shi, itace ana sarewa, amma ita akuya ba ta ci, saniya ba ta ci don guba ce, gara ba ta taɓa ta, wutar daji ta bi ta kanta ta wuce. Rani ya yi ta kwanta a ƙasa kamar ta mutu, in ruwa ya kusa ta fito da kara da fure, sai an yi shuka ganyen ya biyo. Wanda ya dasa ya mutu, ɗansa ya mutu, tana nan inda aka sa ta. Ya ce, "Ku can Sakkwato da mi kuke yi?"

Na ce, "Da... da siminti, ranka shi daɗe." Muryata kamar ta ɗan tsako.

Aka duba gabas, aka duba yamma. Fili fetal.

Ɗanjimma ya fara ihu. "Kun gani! Ta san shaidu za su kayar da ita, ta sa an tone su!"

Goggo ta ce, "Ni? Ni da shekaranjiya nig gan su tsaye? Kai dai ka san abin da kay yi, mai idon cin ƙasa!"

"Wa ka kira mai cin ƙasa, Tumba? Ke da kunyar gonarki ke tahiya kowace damina kamar tana da ƙahwa?"

Dattawa suka shiga tsakani. Maigari ya buga sanda ya ce tun da yake bai taɓa ganin an tone iyaka a garinsa ba. Ya ce za a ɗauko Alƙur'ani kowa ya rantse, in duka sun rantse to maganar ta fi ƙarfinsa, sai a kai ta gaba. Kuma har a yanke, ba mai zuba iri a gonakin nan biyu.

Na dubi sama, ga hadari yana haɗuwa ta gabas. Ɗanjimma yana da wasu gonaki. Goggo ba ta da ko ɗaya. In ruwan shuka ya wuce ta, shekarar ta wuce ta.

Ina so in rubuta cewa nan take na yi magana. Ban yi ba. Na tsaya ina susa, ina lissafin yadda zan jefa buhun a tsohuwar rijiya in kama hanyar Ƙonni da asuba. Sai na ga Goggo ta daina faɗa. Tana kallon hannuwana, sun yi ja sun kumbura, ga ƙasa a farce. Ta kalli wuyana. Ta matso kamar za ta gyara mayafi, ta tsaya tsakanina da mutane, ta ce a hankali yadda ni kaɗai zan ji, "Sa hannunka aljihu, mijin Hajara."

Ta gane. Kuma ta zaɓi ta rasa damina da a ce surukin gidansu ya ji kunya a gaban gari.

Ban san lokacin da na durƙusa ba. Na ce, "Ranka shi daɗe, kak a ɗauko Alƙur'ani. Ni na tone su. Suna cikin buhu bayan zaure."

Maigari ya ce, "Dut?"

Na ce, "Dut."

"Wa ya sa ka?"

"Ba kowa. Maganin gwiwa aka ce in kawo."

Wani dattijo ya ce, "Gwiwar raƙumi nawa?"

Ɗanjimma ne ya fara. Ya riƙe ciki, ya zauna a ƙasa, yana nuna ni yana cewa, "Wanga shi anka aiko shi tsaya mata? Wanga?" Dariya ta kama kowa har maigari ya rufe baki da rawani. Goggo ce kaɗai ba ta yi ba.

Da aka natsu maigari ya ce akwai sauran dabara. Albasar na da saiwoyi masu kauri da ke nutsawa ƙasa, in an fizge ta suna tsinkewa su zauna. Ya ce wanda ya tone shi zai nemo. Haka na rarrafa a gaban mutanen Dogon Fako ina tona ƙasa da yatsu kamar kaza. Duk inda na samu farar saiwa sai a ce "Ga ta!" a kafa kara. A kan tudu, inda ƙasa ke da tauri, duk an same su, kuma layin ya nuna Goggo ba ta ci ko taku ɗaya ba. Amma a gangare yashi ne, ga shanu sun tattake. Muka tona har magariba ba mu samu komai ba. Ɗanjimma ya nuna inda ya ce mahaifinsa ya nuna masa, Goggo ta nuna nata, tsakaninsu kunya uku. Ba shaida, ni na cinye shaidar. Dattawa biyu suka goyi bayan Ɗanjimma, maigari ya ba shi. Goggo ta ce, "Na yarda, in dai za ni shuka."

Washegari na mayar da kowace albasa raminta da hannuna, na gangare kuwa a inda maigari ya yanke, Ɗanjimma na tsaye a kaina yana ba ni umarni yana kirana Sarkin Noman Sakkwato. Goggo ta ba ni man shanu in shafa. Ban ji ta ce uffan a kan kunya ukun nan ba, wannan kuwa ya fi ƙaiƙayin ciwo. Da rana Goggo ta kai ni fakon da ƙafarta. Can na ga albasar kura a gidanta: warwatse cikin jar tsakuwa, wata a gindin suri, wasu uku a cure a tsagin dutse, inda ko ciyawa ba ta son zama. Babu sahu ko ɗaya. Ta naɗe hannu da tsumma ta tono biyu ƙanana, ta ce a gaya wa Yaya shafawa ake yi kaɗan, kada ta kusanci baki.

Daren da na baro aka yi ruwan shuka.

Da na iso Sakkwato sai da na yi kwana biyu ina kewaye Ƙofar Atiku. A na uku Hajara ta ce in ban je ba ita za ta je ta faɗa, kuma in ba ta katinta. Na je na durƙusa, na ajiye albasa biyu, na faɗi komai tun daga katse shi da na yi har kunya uku. Na ce, "Baba, na jawo Goggo ta yi hasarar ƙasa. Abin da duk kac ce in yi, za ni yi."

Ya murza gwiwa. Can ya ce, "Ta gangare? Wajen marke?"

Na ce nan ne.

Ya ce, "Kunya uku cif?"

Na ce cif.

Ya sauke numfashi ya ce, "Na su Ɗanjimma na. Shekarar da za ni aure gero ya yi mini kaɗan, ni na tone guda huɗu na gangaren na matsa da su cikin gonassu. Ko Tumba ba ta sani ba. Kwana bakwai ina susa, na ce ma mutane ƙazwa ce."

Na ɗago kai na dube shi, abin da ban taɓa yi ba.

Ya ce, "Mi kake kallo? Ni huɗu na tona, ba buhu ba. Ciro wayarka ka kira mini Ɗanjimma, tun ina da bakin neman gahwara."